Wuri Ɗaya ko Biyu

A Paris Raliatou ta rasu, garin da ba ta taɓa so ba. Wankan jego ne ya kai ta. 'Yarta Khadidja da ke aure a Montreuil, gefen Paris, ta haifi ɗanta na fari a watan Oktoba na 2017, uwar kuwa ta ce ko da rarrafe sai ta je, don ba za ta bari 'yarta ta yi jego da ruwan famfo mai ɗumi-ɗumi irin na Turawa ba. Ta ƙulle kanwa da yaji da garin kunu a jaka, ta hau jirgin ƙasa daga Lyon. Ba ta ga arba'in ɗin ba. Wata safiya tana dama kunun kanwa sai ludayin ya suɓuce mata, ta zauna a ƙasa, kafin motar asibiti ta iso magana ta ɗauke. Washegari da hantsi rai ya yi halinsa.

Mijinta Malam Illiassou yana wurin aiki, a wata masana'antar sinadarai a Saint-Fons, kusa da Lyon, lokacin da waya ta same shi. Ya tuɓe kayan aiki ya rataye, ya kulle akwatinsa, ya je ya gaya wa shugaban sashe cewa zai yi tafiya. Bai yi kuka ba. A cikin jirgin ƙasa zuwa Paris ya ga shanu a gona, ya ga matar da ke gefensa tana cin tuffa har ƙwallonsa, ya ga igiyar takalminsa ta kunce ya ɗaure. Ya san an yi masa mutuwa, amma abin bai iso jikinsa ba. Ya zauna yana jiransa kamar mai jiran mota a tasha.

A Montreuil ya tarar ɗakin ya cika da 'yan Nijar, takalma har kan matakala. Aka yi gaisuwa doguwa, aka yi fatiha, aka sake yi. Can wani dattijo na ƙungiyar 'yan gida ya matso ya ce an riga an fara shirin kai gawa Damagaram, kamar yadda ake yi wa kowa. Wan Raliatou ma ya kira daga can, ya ce an share wuri kusa da mahaifiyarsu.

Illiassou ya ce, "Allah shi saka da alheri. Amma ta riga ta hwaɗi inda za ta kwanta."

Duk wanda ya daɗe da saninsu ya gane inda ake nufi.

Suna da ɗa, Moctar, ɗan farinsu. Sanƙarau ya ɗauke shi a shekarar 2004, yana ɗan shekara goma sha ɗaya. A lokacin ma an ce a kai shi gida, Raliatou ta ce ba za ta sa yaro a cikin jirgi shi kaɗai tare da akwatunan mutane ba. Aka binne shi a Vaurieux, ƙaramin garin da suke zaune a kudu da Lyon, can ƙarshen maƙabartar inda aka ware wa Musulmi wuri. Ita dai macen da ce, irin waɗanda kunyar ɗan fari ta bi jininsu. Tun da ta haife shi ba ta taɓa kiran sunansa ba, sai dai "yaron nan". Ba ta yi masa wasa a gaban mutane, in kuwa ya zo na ɗaya a aji sai ta ɗauke kai ta ce a kawo mata tsintsiya. Ranar da ya rasu ma ba wanda ya ga hawayenta. Masu cewa irin waɗannan matan ba su da zuciya, ba su san komai ba.

Kowace Lahadi da hantsi sai ta shirya, su hau bas su biyu har ƙofar maƙabartar. Ba ta shiga, tunda a gida mata ba sa shiga maƙabarta, kuma ba Faransa ce za ta canza mata wannan ba. Takan tsaya a bakin ƙofa kusa da mai sayar da furanni, hannayenta cikin mayafi. Shi ya shiga, ya cire ciyawa, ya share ganye, ya yi addu'a, ya fito. Ba ta tambaya. Shi ne zai ce, "Na duba shi. Lahiya lau. Ciyawa ce kawai." Sai ta gyaɗa kai, su tsallaka su jira bas.

Wata Lahadi ana yayyafi, wata tsohuwar Baturiya ta kama hannunta ta ce ta shigo mana, ƙofar ai ta kowa ce. Raliatou ta yi murmushi ta zare hannunta. Da suka zauna a bas, tana kallon taga, ta ce, "Malam, ranar da zan shiga ƙohwan nan ba hitowa zan yi ba. Ka sa ni kusa da yaron nan." Sau ɗaya ta faɗa, ba ta ƙara ba. Ya ɗauka abin da ya fi komai sauƙi a duniya ta roƙa.

Ya koma Lyon don ya nemi izinin binnewa, gawa tana can Paris cikin ɗakin sanyi. Khadidja ta karya jego ta bi shi da jaririn a ƙirji, ko da yake mata sun yi ta faɗa. A ma'aikatar magajin garin Vaurieux, matar da ke kula da maƙabarta, Madame Françoise, ita ce dai wadda ya tarar a shekarun baya, sai dai kanta ya yi fari. Ta yi musu ta'aziyya a hankali, ta ba Khadidja kujera mai taushi, sannan ta tambayi adireshi. Ya ce lamba goma sha huɗu, rue du Ruisseau, wato Titin Rafi.

Ta daina rubutu, ta cire tabarau. "Goma sha huɗu? Monsieur, wannan ɓangaren ba Vaurieux ba ne. Saint-Méran ne."

Ya sani mana, irin sanin da mutum yake yi wa launin kwandon shararsa. A da suna lamba goma sha ɗaya, hawa na huɗu, benen da ba shi da na'urar hawa. Da gwiwoyin Raliatou suka fara ba ta wahala, shi ne ya yi ta sintiri ofishin gidaje har aka ba su ɗaki a ƙasa, a benen da ke kallon nasu. A 2012 ke nan. Ko mota ba su ɗauka ba, da hannu aka kwashe kaya aka tsallaka titi, yaran unguwa na ɗauke da tukwane. Raliatou ta yi fanke ta raba. Mai burodinsu bai canza ba, tashar bas ba ta canza ba. Kwandon shara ne ya tashi daga kore ya koma toka-toka, sunan da ke kan wasiƙu kuma ya zama Saint-Méran. Wa zai ce wannan yana da wani haɗi da matattu?

Françoise ta tashi ta nuna musu wata tsohuwar taswira da ke rataye a bango, da jan layi ya ratsa ta yana karkacewa. Ta ce da can gari ɗaya ne. Da masana'antu suka zo, sama da shekara ɗari da suka wuce, masu gonakin tudu da mutanen kwari suka yi ta rigima kan wanda zai ci harajinsu, har majalisar ƙasa a Paris ta yi doka ta raba garin biyu. Aka ce iyaka ta bi wani ɗan rafi. Daga baya aka rufe rafin da kwalta, shi ne titinsu. Maƙabartar ma dokar ba ta bar ta ba, aka ja bango a tsakiyarta, kowane gari ya fasa tasa ƙofar.

Illiassou yana kallon jan layin yana tunanin rafin. Shekara da shekaru yana tsallaka ruwa safe da yamma bai sani ba.

Ta ci gaba da bayani, muryarta ƙasa-ƙasa. Wanda ya mutu a garin yana da hakkin a binne shi a nan, haka ma wanda yake zaune a garin, ko wanda iyalinsa suke da kabari na iyali. Raliatou kuwa ta rasu a Paris, gidanta kuma yana Saint-Méran. Ɓangaren Musulmi ya kusa cika, magajin gari ya ce sauran wuraren na mazauna ne kaɗai, kuma ba ya ɗaga wa kowa ƙafa.

Khadidja ta ce, "Mais on a une tombe ici! Ai muna da kabari a nan! Yayana yana nan."

Françoise ta dubi Illiassou, ba ta dubi 'yar ba. "Na mutum ɗaya ne. Na tambaye ka a lokacin, Monsieur. Ban sani ba ko ka tuna."

Ya tuna. A wannan ɗakin ne, a kan wannan teburin. Raliatou tana zaune a gefensa, ba ta jin Faransanci sosai a lokacin. Matar ta ce, wuri ɗaya za a ba ku ko biyu? Ta ce yawancin iyaye biyu suke ɗauka, a haƙa da zurfi, a ajiye wa wanda zai biyo baya. Ransa ya ɓaci ƙwarai. Wane mutum ne yake sayen kabari da ransa? Ashe ba su ƙoshi da ɗa ba, uwar ko uban suke yi wa tanadi? Ya ce ɗaya, da ƙarfi. Raliatou ta taɓa shi ta ce me ta ce, ya ce ba komai, maganar Nasara ce. Bai fassara mata tambayar ba. Kowane Bahaushe da ka sani abin da zai yi ke nan, kuma mutanen da ya ba labarin a masallaci duk sun ce ya yi daidai.

Françoise ta ce akwai hanya guda, in ya yarda. Tunda kabarin da sunansa yake, yana iya mayar da shi na iyali. Amma an haƙa shi ne daidai mutum ɗaya, kuma dama da hagu duk an binne wasu. Sai dai a tone, a tattara abin da ya rage na yaron a ɗan ƙaramin akwati, a ƙara zurfi, a sa uwar, a ajiye shi a wajen ƙafafunta. Ta ce ana yi, ba sabon abu ba ne. Ta ce wani daga iyali dole ya tsaya a wurin lokacin da za a buɗe.

Khadidja ta juyo. "Baba, to a yi mana. Abin da take so ke nan. Za su kasance tare."

Illiassou ya dubi ƙasa. Safar jaririn guda ta zame ta faɗi ƙarƙashin tebur, ita yake kallo. Ya sunkuya ya ɗauko, ya sa masa, ya gyara bakinta. Sannan ya ce wa Françoise zai yi tunani, ya gode.

A waje Khadidja ta fashe. Ta ce wace irin ƙasa ce wannan, ta ce uwarta ta yi shekara ashirin da wani abu tana goge benen makarantun garin nan, ta ce titi ɗaya, titi ɗaya tak. Rabi da Hausa, rabi da Faransanci, tana kuka tana jijjiga yaro. Duk abin da ta faɗa gaskiya ne, ya kuma san ya kamata ya ji wani abu. Abin da ya lura da shi kawai shi ne kantin magani na gefen ma'aikatar ya canza fenti. Ya sa ta a bas zuwa gida, shi ya hau wata ya nufi maƙabarta.

Ba ranar Lahadi ba ce, mai furanni ma ba ta fito ba. Ya bi ta cikin manyan kaburburan Turawa masu duwatsu da hotuna, har ƙarshe, inda nasu suke a jere jikin bango. Na yaron gajere ne. A damansa wani tsoho ɗan Aljeriya, a hagu wata mata Baturkiya, tsakani ko tafin ƙafa da ƙyar. Reshen wata bishiya ya ƙetaro bango daga wancan ɓangaren yana zubar masa da ganye, kamar kullum. Ya tsuguna ya tsince su.

Shi da hannunsa ya sa yaron nan a ƙasa. Ya tuna nauyinsa, wanda bai kai nauyin da ya zata ba. Ya yi ƙoƙari ya ga kansa tsaye a nan, mutane biyu da shebur da safar hannu suna ɗaga abin da ya rage suna jerawa a akwati. Ya ga Raliatou, wadda ko sunan yaron ba ta iya furtawa saboda kunya, an ce mata an tone shi don a yi mata wuri. Ya san abin da za ta yi. Za ta ja mayafi ta rufe fuska ta ce, "Subahanallahi, Malam, ka bar shi shi kwanta." Kusa da shi ta ce, ba ta ce a tashe shi ba.

Akwai kuma ita kanta. A gida wanda ya mutu da hantsi kafin la'asar ya kwanta. Ita ga ta can cikin aljihun ƙarfe a Paris, da lamba ɗaure a ƙafa, ana ta kwana ana tashi, shi yana yawo daga ofis zuwa ofis. Wannan kam ya ji kunyarsa, ko da yake kunyar ma daga nesa take zuwa masa.

Da ya koma gida ya tarar Khadidja a ɗakin girki tana kallon tukwanen uwarta. Ya ce, "Ba za a taɓa shi ba." Ta dube shi. Daga baya ta ce, "To, Baba."

Washegari suka je ma'aikatar Saint-Méran, wadda bai taɓa shiga ba sai sau ɗaya. Wata yarinya ce a wurin, Carine, mai ɗan kunne a hanci da saurin hannu a kan na'ura. Ta ce ba matsala ko kaɗan, Madame mazauniyar garin ce. Ta ce ba a daɗe da buɗe ɓangaren Musulmi ba, wuri yana nan da yawa. Ta yi ta danne-danne, sannan ba tare da ta ɗago kai ba ta ce, "Wuri ɗaya ko biyu?"

Khadidja ta yi sauri za ta amsa, don ta raba shi da tambayar. Ya ɗaga mata hannu.

Yana da gida a Damagaram, a unguwar da aka haife shi. Shekaru yana gina shi kaɗan-kaɗan, rufi kawai ya rage. Ritaya ta kusa. Kullum zancensa shi ne ranar da zai zauna ƙofar gidan nan a kan tabarma, in ya mutu kuma a ɗauke shi a makara, a kai shi inda ubansa yake, ba akwati, ba takarda. Duk wannan ya gifta masa a fili, bai ji zafi ba, bai ji daɗi ba.

Ya ce, "Biyu."

Carine ta danna. Khadidja ta juya fuska ta kalli bango. Ya sa hannu inda aka nuna masa, aka ba shi takardarsa, suka fito.

Ranar jana'iza motar gawa ta taso daga Paris tun da safe. An yi mata wanka da sutura a can, aka sa ta a akwati kamar yadda dokar ƙasar ta tilasta. Bayan an yi salla a masallaci aka kama hanya. Illiassou yana motar Garga, abokin aikinsa mutumin Garoua, wani dogo. Hanyar bas ɗinsu ta Lahadi suka bi, kwana bayan kwana. Suka iso ƙofar maƙabartar Vaurieux. Mai furanni tana nan da bokitanta, wurin da Raliatou take tsayawa kuma ba kowa. Motar gawar ba ta ko rage gudu ba. Ta wuce, ta bi bayan wani wurin sayar da tayoyi, ta ƙetare layin dogo, ta yi dogon zagaye kafin ta tsaya a wata ƙofa da bai taɓa gani ba.

Aka ɗauke ta aka ratsa kaburburan Turawa. Khadidja ta shiga tare da maza, jaririn a ƙirjinta, ba wanda ya hana ta. Aka yi ta tafiya har ƙarshe. Haka garuruwan nan suke, kowanne in ya tashi bai wa Musulmi wuri sai ya tura su can baya inda ba mai gani. Vaurieux ta tura nata ƙarshe, Saint-Méran ta tura nata ƙarshe, ba da niyyar kowa ba ƙarshen ya haɗu da ƙarshe.

Bishiyar ya fara ganewa. Bai taɓa ganin gindinta ba, reshenta kawai ya sani, wanda ya yi shekaru yana share ganyensa. Ga ta tsaye a wannan ɓangaren, ramin da aka haƙa kuma yana ƙarƙashinta, taku kaɗan daga bango. Garga ma ya lura. Ya jawo bokitin ban ruwa ya kifa, ya hau, ya leƙa. Ya daɗe yana kallo kafin ya sauko.

"Malam Illiassou," ya ce a hankali, "ga shi nan. Wallahi ga shi nan, a bayan bangon."

Illiassou bai hau bokitin ba. Ya ce to. Bangon siminti ne tsoho, ya fi shi tsawo, da gansakuka a jikinsa. Aka saukar da ita ramin mai zurfi, wanda aka haƙa don mutum biyu, fuskarta alƙibla. Alƙiblar ta bangon take. Yaron yana gaba, ita tana baya, kamar yadda suke tsayawa in Illiassou ya ja su salla a falo. Ya zuba ƙasa da hannunsa, ya karɓi gaisuwa, ya amsa kowace addu'a a inda ya kamata. Mutane suka ce kai, Malam Illiassou akwai tawakkali. Ba tawakkali ba ne, shi dai bai ji komai ba, kuma ya fara tsoron ko haka zai ƙare.

Baƙi suka watse. Khadidja ta koma Montreuil wurin mijinta bayan ta cika masa firij da miya. Ya koma aiki. Da yamma yakan tsaya a taga ya dubi benen da ke tsallake, hawa na huɗu, inda wasu suka rataye labule ja. Yakan dubi kwaltar da ke tsakani, wadda motoci ke bi ta kanta.

Ran Lahadi da hantsi ya tashi ya sa babbar riga, ya hau bas. Niyyarsa wurinta zai je. Amma ƙafa ba ta san doka ba, sai ya tsinci kansa ya sauka a tsohuwar tasha. Mai furanni ta gaishe shi, ta leƙa bayansa ta ce, "Et Madame? Ina take?" Ya ce ta yi tafiya. Ya shiga.

Ganye ya taru a kan yaron. Ya tsince, ya cire 'yar ciyawar da ta tsiro a gefe, ya yi addu'a, ya shafa. Ya miƙe ya kama hanyar fita, maganar tana bakinsa a shirye kamar kullum. Sai da ya kai tsakiyar kaburburan Turawa, ya hango ƙofa da bokitan furanni da wurin da ba kowa, sannan ya tsaya. Ya daɗe a tsaye. Wani mai ban ruwa ya kewaye shi ya wuce.

Ya juya ya koma. Ya bi ta ɗan tsakanin da ke gefen kabarin Baturkiyar, a karkace, har ya isa bangon. Ya dafa shi da tafin hannu. Simintin da sanyi. Ya duba dama da hagu, ba kowa. Ya gyara murya, ya ɗan ɗaga ta yadda za ta ƙetara.

"Maman Khadidja, na duba shi. Lahiya lau."

Saura ya ce ciyawa ce kawai. Ya buɗe baki, maganar ta ƙi fita. Abin da yake jira tun a jirgin Paris ya iso, ya zauna a ƙasa da babbar rigarsa, bayansa jingine da bangon, yana kuka kamar yaro.